Sunan Baba a Fim ɗin Masaƙa

Narayi, Kaduna
9 ga Satumba

Rhoda 'yata,

Gaisuwa a cikin sunan Ubangiji. Ina fata kin sauka lafiya, kuma sanyin Hungary bai fara ba tukuna. Mu nan muna lafiya, in ban da gwiwar nan tawa da ta ƙi jin magani, ta ƙi jin addu'a. Na ga mamanki a taron zumuntar mata, ta ce kin bar mata ɗaki a unguwar Romi kamar ɓarayi sun kwana a ciki.

Yanzu maganar kaset. Na faɗa miki a bakin mota, amma idonki na kan waya, don haka ga shi a rubuce. Kaset ɗin nan shi kaɗai ne a duniya. Babu wani wuri da mahaifina yake motsi, yake dariya, sai a cikinsa. Ranar da muka baro Makera a rikicin shekarar dubu biyu, takardun makarantata na bari, shi na ƙulle a bakin zani. Kada ki ajiye shi kusa da abin ɗumama ɗaki. Kada ki sa shi a wata na'ura don ki ga ko yana yi. Kada ya bar hannunki, ko wa ya roƙa.

Ke ba ki san Baba Sylvanus ba. Kakarki ƙanwarsa ce, kuma ya rasu kina rarrafe. Aikinsa haɗa fim: a kawo masa zaren fim tuli guda, ya yanka, ya liƙa, har labari ya miƙe tsaye. Wadda ta koya masa ita ce matar nan Etelka 'yar Hungary, da ta biyo mijinta injiniya zuwa wata masaƙa a Kakuri a 1977. Tare suka yi fim ɗin matan masaƙa. Ina da shekara tara lokacin, kuma ba labari aka ba ni ba. Wata biyar Baba yana kan teburin yanka fim, ita kuwa rabin lokacin tana kwance da zazzaɓin cizon sauro. Da fim ya fito, sunanta kaɗai aka gani a ƙarshe. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Baba bai taɓa cewa uffan ba. Ni ce nake cewa, shekara arba'in da biyar ke nan, har mutane sun gaji da ni, ni ma na fara gajiya da kaina.

Kin ce ma'ajiyar finafinansu tana gyara tsofaffin ayyukanta don a sake nunawa, har da namu. To ga dama ta zo. Ki je Budapest, ki nemo ta, ki sa ta kalli kaset ɗin kina zaune a wurin. A ciki za ta ga wa ke zaune a kujera da reza a hannu, wa kuma ke tsaye a baya yana busa taba. Abu ɗaya nake so: sunan Sylvanus Kambai a jikin fim ɗin, a rubuce, inda ido zai gani. Ba na neman ban-haƙuri, ba na neman fure.

Ki rubuto mini wasiƙa, ban da saƙon murya. Kuma ki sa wa haruffa lanƙwasarsu. Shekara talatin ina koyar da Hausa, ba zan karɓa daga gidanmu abin da nake ja wa jan biro a aji ba.

Antinki,
Damaris

Debrecen
29 ga Satumba

Anti Damaris,

Ina gaishe ki da fatan gwiwa ta yi sauƙi. Ni lafiya lau, sai karatu da ya dawo da ƙarfinsa. A kan kwamfuta na zauna na rubuta wannan don haruffan su fito yadda kike so.

Na same ta. Ranar Asabar na hau jirgin ƙasa zuwa Budapest, wata ma'aikaciyar ma'ajiyar ta raka ni har ƙofa. Hawa na huɗu take zaune, ita kaɗai, shekararta tamanin da takwas. Ƙaramar mace ce, ba ta kai kafaɗata ba. Da ta buɗe ƙofa ta dube ni, sai ta ce, "Sannu da aiki." Hausar da ta rage mata ke nan, sai kuma "ba komai". Sauran hirar da Turanci muka yi.

Kafin in buɗe baki ta zuba mini miya, ta ce sai na shanye. Ina sha tana ba ni labari. Mahaifinta tela ne, a shagonsa ta koyi riƙe almakashi. Tana da shekara goma sha bakwai ta shiga kamfanin fim na gwamnati, aikinta rubuta lamba a gefen zaren fim. Shekara shida tana wannan kafin a bar ta ta yanka komai. A harshensu sunan aikin ma "mai yanka" ne kawai. Ta ce da farko labaran da ake nunawa a silima take haɗawa, kuma akwai ranakun da za a miƙo mata takarda da sunan wani babba da gwamnati ta juya wa baya, a ce kafin a tashi aiki kada a ƙara ganinsa a ko'ina. Sai ta bi fim ɗin ta cire shi. Na ce, ina kike kai guntayen? Ta ce, "Kwandon shara. Kina so in ce na ɓoye su a rigata? 'Yan jarida ma haka suke so in ce."

Fim arba'in da ɗaya ta haɗa. Da kwamfuta ta zo aka ce ta je gida ta huta, sai ta koyi kwamfutar tana da shekara sittin, ta ƙara shekara goma sha biyu tana aiki. Mijinta ya rasu, ba su haihu ba. Ta ce masu ba da umarni uku sun karɓi lambar yabo da aikin hannunta, babu wanda ya ambace ta a gaban jama'a. Ɗaya dai ya aiko mata da cakulan, ita kuma likita ya hana ta zaƙi.

Da na ce ni jikar ƙanwar Sylvanus Kambai ce, sai ta ajiye cokali. Ta ɗago ta dube ni. Can ta ce, "Mai numfashi." Wai ita da ƙirga take yanka, shi kuwa ba ya ƙirgawa. Yakan kasa kunne ya jira mai magana ya sauke numfashi, sannan ya sa alama. Ta ce wata biyu tana masa faɗa a kan haka, daga baya ta koma ƙasarsu ta yi shekara talatin tana yin yadda yake yi.

Anti, ban yi maganar suna ba tukuna. Na nuna mata kaset ɗin daga cikin jakata, bai bar hannuna ba. Ba ta da na'urar kallonsa. Ma'aikaciyar ta ce kaset mai shekaru haka sai an share shi an juye shi a wurinsu, in ba haka ba na'ura za ta tauna shi. Ta kuma ce ranar 30 ga Nuwamba za su rufe gyaran fim ɗin masaƙa, bayan ranar ba a taɓa jerin sunaye. A ƙarshen Janairu za a nuna shi.

Madam Etelka ta tambaya ko Baba yana da rai, na faɗa mata. Ta tambayi labarin yarinyar da ke zama a ƙarƙashin tebur tana tsince guntayen fim. Na ce ai ita ce ta aiko ni. Ta ce, "Har yanzu tana cizo?"

'Yarki,
Rhoda

Narayi
6 ga Oktoba

Rhoda,

Na gode Allah da kike lafiya. Gwiwa tana nan inda take. Ruwan ƙarshen damina ya cinye hanyarmu, masu keke napep sun ce ba sa shiga layinmu, don haka da ƙafar nan nake fita titi kowace safiya.

Ki gaya mata ina cizo, kuma haƙorana suna nan ba wanda ya faɗi. Ta san abin da ya sa na cije ta. Guntayen da na tara ta zo za ta kwashe ta zubar.

Na aike ki da magana ɗaya, kin je kin sha miya kin dawo mini da tarihin rayuwa. Na karanta shi sau biyu. Mutumin da ya yi shekaru yana cire manya daga fim, cire ɗan Makera ba zai hana shi barci ba. Na karanta tarihin ƙasarsu fiye da yadda kike zato, na san an ci wuya, na san tsoro ya sa mutanen kirki sun yi abin kunya. Amma a Kakuri ba wanda ya miƙo mata takarda. Kuma ki lura da abin da ta ba ki da bakinta: an hana ta yabo, ta san ɗacinsa, sai ta juyo ta ɗura wa na ƙasa da ita. Shekara talatin tana aiki da dabararsa, ba ta samu katin gaisuwa ɗaya da za ta aiko masa ba.

Bari in faɗa miki abin da ba a faɗa a gida. Da aka rufe sashen fim ɗin da Baba ke aiki, ya je Legas neman aiki. Ya ce shi ya haɗa fim ɗin masaƙa. Suna da kwafinsa, suka sa, suka kalla har ƙarshe tare da shi, sunaye suka wuce. Wani ya ce masa, "Oga, wanne ne naka a ciki?" Ya dawo ya ƙare rayuwarsa yana ɗaukar bikin aure da jana'iza, yara na kiransa Mai Bidiyo. Mama ce ta gaya mini bayan ya rasu.

In dole sai sun juye kaset ɗin, to su juye kina tsaye a kansu. In kwana biyu zai ɗauka, ki nemi tabarma. Kuma wannan karon ki buɗe baki kafin a zuba miya.

Damaris

Saƙon waya, 19 ga Oktoba

Anti ina wuni. Na bata kaset din jiya. Kiyi hakuri dan Allah, nasan abinda kika ce. Ina cikin jirgi caji ya kusa karewa, zan rubuto miki komai.

Narayi
19 ga Oktoba

Rhoda,

Ba zan tambayi lafiyarki ba. Wadda ta iya rubuta wannan a layi uku, lafiyarta lau.

Kin ɓata kaset. Haka kawai, tsakanin "ina wuni" da maganar caji. Ya tsira daga wuta a Makera. Ya tsira daga ruwan da ya shiga ɗakina sau biyu, ya tsira daga gara, ya tsira daga wani fasto da ya ce a ƙone tsofaffin kaya don ruhohi na ɓuya a ciki. Wata ɗaya da kwana goma ya yi a hannun mai digiri biyu.

Ba na son bayani. Na san yadda zai zo: kin so ki taimaka, wani ya ce yana da na'ura, kin ga ba komai. Na yi shekara talatin ina jin irin wannan daga bakin yara, amma su littafi suke yagawa, ana sayen wani.

Kin san abin da kika yi? Baba ya rasu sau ɗaya a asibiti, na ɗauka. Yanzu in na rufe ido ina neman yadda yake karkata kai in yana saurare, ba ni da inda zan je in duba ko daidai na tuna. Ita kuma tsohuwar ta huta. Shaida ɗaya gare mu, 'yar gida ce ta kawar mata da ita.

Na je Romi da yamma. Na tarar da mamanki da matan zumunta suna gwajin waƙa a tsakar gida, ban jira su tashi ba. Na faɗa mata irin tarbiyyar da ta yi. Abin da na faɗa na faɗa.

Da na ɗauki hoton wasiƙar nan na tura miki, zan rufe lambarki. Kada ki kira ta wayar wani. Kada ki turo imel, ba zan buɗe ba. Kada ki turo mini kowa. Ki yi karatunki, ki zama abin da za ki zama. Na gaji.

Damaris Kambai

Debrecen
14 ga Disamba

Anti Damaris,

Ina gaishe ki. Ina fata wannan ta same ki lafiya, in kin yarda kin buɗe ta. Mubarak ne zai kawo miki, ɗan ajinmu ne, gidansu a Makera, zai zo hutu. Na ce masa kada ya ce daga wurina take sai ta shiga hannunki.

Anti, ban ɓata kaset ba. Na ba ta. Na ba Madam Etelka. A waya na rubuta, jirgi na tafiya, na haɗe kalmomin biyu. Haƙurin da na ba ki na saɓa umarninki ne, don kin ce kada ya bar hannuna, su kuma sun ce aikin zai ɗauki mako guda, ina da jarrabawa. Ita ta ce za ta zauna a kansa a madadina, kuma ta zauna, kullum da sandarta.

Da na ga wasiƙarki na gane nan take. Na kira, a rufe. Na tura imel goma sha ɗaya. Na roƙi Mama ta je, ta ce ƙafarta ba za ta taka Narayi ba sai kin zo kin janye abin da kika faɗa a gaban mata, kuma ta ƙi tsayawa ta ji sauran. Na roƙi Fasto, ya ce da ya ambaci sunana kika miƙa masa hularsa.

Kaset yana nan lafiya. An juye shi, minti ashirin da biyu, babu abin da ya ɓace. Kwafin yana cikin ambulan ɗin nan.

Mun kalla tare da ita ranar 2 ga Nuwamba. Sau biyu ta sa aka maimaita. Sannan na yi maganar suna, ban sha komai ba kafin nan. Na zaci za ta kawo uzuri. Ga abin da ta ce, na rubuta shi a ranar:

"Na tashi daga zazzaɓi na tarar ya gama. Na kalla, na rasa inda zan taɓa. Da na kai shi gida aka ba ni takarda mai layi ɗaya na sunan mai yanka. Ba wanda ya ce kada in sa biyu. Ban tambaya ba. Shekara uku ba ni da fim da sunana, mata biyu sun riga sun zauna a kujerata. Na ji tsoro, na rubuta nawa. Ki gaya mata haka, kada ki gyara."

Washegari ta rubuta wa ma'ajiyar shaida cewa Sylvanus Kambai ne ya haɗa fim ɗin. Suka amince. Amma dokarsu ta ce ba a ƙara sunan mamaci sai da sa hannun magajinsa. Na ce zan sa, suka tambayi dangantaka, suka ce jikar ƙanwa ba ta isa ba tunda 'yarsa na da rai. Takardar shafi ɗaya ce. Tana cikin imel ɗinki tun 5 ga Nuwamba.

Duk mako Madam Etelka na kirana ta ce, "Ta sa?" In ce tukuna. Da na bayyana mata abin da ya faru, na zana mata haruffan biyu a takarda, ta daɗe tana dubawa. Ta ce, "Wannan 'yar ƙugiyar?" Na ce ita. Ba ta yi dariya ba.

Ranar 30 ga Nuwamba ta sa aka kai ta ma'ajiyar, na bi ta. Ta roƙi a ƙara mako biyu, suka ce fim zai tafi wurin bugawa. Sai ta ce, "Ƙara suna sai da takarda biyu. Cire nawa fa?" Suka dubi juna, suka ce wannan sa hannunta kaɗai yake bukata. Suka yi ta lallashinta, shugabarsu har da riƙe mata hannu, tana cewa bikin nuna finafinan nata ne, fim ɗin nan ne ma masana suka fi yabo a ayyukanta. Ta ce, "Shi ya sa." Ta sa hannu.

Yanzu a inda sunanta yake, babu komai. Ba su taɓa sautin ba, don haka wurin ya zama baƙi, daƙiƙa huɗu, sannan sauran sunaye su ci gaba.

Ban san ko wannan zai yi miki daɗi ko zai ƙara ɓata miki rai ba. Na yi iya abin da na iya. Na sa takardar a ciki duk da haka. Ma'aikaciyar ta ce a ajiye ta a fayil, wataƙila wata rana a sake bugawa, amma ba ta yi alkawari ba.

Abin da kika faɗa wa Mama ya yi mini zafi fiye da abin da kika faɗa mini.

Rhoda

Narayi
27 ga Disamba

Rhoda 'yata,

Barka da Kirsimeti, in za ki karɓa daga bakina. Ina fata kina lafiya, kuma kin samu wanda kika ci abinci da shi ranar. Ni ina nan. Mubarak ya kawo saƙo, yaro mai hankali, ya ce daga ofishin fansho ne, shi ya sa na buɗe.

Na koma na nemo saƙonki na waya. Na karanta shi da ƙarfi, ni kaɗai a ɗaki. Babu lanƙwasa a kan harafin. Ni na sa ta. Shekara talatin duk inda na ga yaro ya rubuta wannan kalmar hannuna yakan ƙara mata ƙugiya tun kafin in gama karanta jimlar, to ranar nan ido ya yi aikin hannu. Da ɗaliba ce ta kawo mini shi a aji, da na tambaye ta, me kike nufi? Ke ban tambaye ki ba. Ina jin na daɗe ina jiran wani ya ɓata shi, don in samu wanda zan kama da hannu, tunda ita tana da nisa.

Na je Romi ranar jajibirin Kirsimeti. Na jira har matan zumunta suka taru, don a gabansu na yi, a gabansu zan janye. Na durƙusa da gwiwar nan. Mamanki ta bar ni a ƙasa har ta gama yanka albasa. Sannan ta ce, "Damaris, tashi kafin mu nemi mai ɗaga ki, ba mu da ƙarfi." Ta ba ni wuƙa ta ce in kama aiki. Ba ta ce ta yafe ba, ni ma ban matsa ba. Ke ma ba zan matsa miki ba. Na yi miki laifi, na faɗa, kuma a rubuce yake.

Na kalli kwafin a kwamfutar maƙwabta. Ashe Baba ya fi yadda nake tunawa ƙuruciya. Na girme shi yanzu da shekara goma sha biyar. Ban san abin da zan yi da wannan ba.

Maganar tsohuwar. Kwana uku ina neman fushin da zan yi, ina ta laluba inda na saba ajiye shi. Shekara arba'in da biyar ina cewa sunanta bai cancanci zama a wurin ba. To ga shi an cire, kuma ban ji komai ba sai nauyi. Ni ban aike ki a cire kowa ba. Cewa na yi a sa. Ita ta koya masa riƙe rezar, wannan ko ina cikin fushi ban taɓa musu ba. Yanzu mutum biyu sun yi aiki, fim zai fita kamar daga sama ya faɗo. Ta ga matsala, ta yi abin da ta iya tun tana yarinya, ta yanke. Ni kuma na yi abin da na iya. Ki dube mu, tsofaffin banza biyu, kowace da makaminta, mutumin da ake yi dominsa yana kwance bai ce a yi ba.

Na sa hannu a takardar, Mubarak zai koma da ita. A bayanta na rubuta cewa in har an sake bugawa, sunaye biyu nake so, nasa da nata, a layi ɗaya. Ki fassara mata. Kada ki ce na gode, ban kai nan ba tukuna. Ki ce na ji maganarta yadda ta faɗa, kuma ba a gyara ba.

Saura roƙo ɗaya, kina da ikon ƙi. Ranar da za a nuna fim ɗin ki je, ki zauna kusa da ita. In wurin nan ya zo, ki faɗi sunansa. Ba ihu ba, yadda na kusa za su ji. Sannan ki faɗi nata, yadda suke faɗa a can, sunan gida a gaba: Homoki Etelka. In wani ya juyo ya ce ki yi shiru, ki bar shi ya juyo.

Na gwada da agogon bango. Daƙiƙa huɗu ta ishi sunaye biyun, in ba ki tsaya a tsakani ba.

Antinki,
Damaris